Filin Tambayoyinku: Mai Zane da Asalin Gidansu

Wasiƙun wannan karo duk daga Sudan suka zo, kuma yawancinsu kan abu guda suke: yadda jikokin waɗanda suka baro ƙasar Hausa za su sa tarihin gidajensu cikin zane, hoto da ɗinki. Mun taƙaita wasu tambayoyin saboda ƙarancin fili.

Salamu alaikum, Malamai. A Mai Wurno aka haife ni, haka ma babana da kakana. Kakan babana ne ya zo daga ƙasar Sakkwato bayan yaƙin Burmi. Ina koyon zane, kuma ina so in yi aiki kan asalinmu, amma duk abin da na zana sai ya fito kamar kalanda: dagin Arewa, raƙumi, taswira. Malaminmu ya ce in duba yadda mutanen Sikotilan da jikokinsu suka zana tasu hijirar. Me zan koya daga mutanen da ba mu haɗa komai ba?
*Wani ɗalibin zane, Mai Wurno*

Wa alaikumus salam, ɗana. Kun haɗa abu da su kuwa, shi ya sa malaminka ya tura ka can. Daga tsakiyar ƙarni na 18 zuwa tsakiyar na 19, masu filaye a tsaunukan arewacin Sikotilan sun tashi talakawa daga gonakinsu, akasari don su zuba tumaki. Dubban mutane suka hau jiragen ruwa zuwa Kanada, Amurka, Ostareliya da Niyu Zilan. A 1773 wani jirgi mai suna Hector ya sauke kusan mutum 190 a Pictou, a yankin Noba Sikoshiya na Kanada, kuma har yau akwai masu jin harshen Gelik a tsibirin Cape Breton. Naku kakannin kuma a 1903 aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ci gaba da jama'a zuwa gabas har suka zauna a bakin Shuɗin Nilu, kudu da Sinnar kaɗan. Dalilan tashin ba ɗaya ba ne, nasu ƙasa ce ta ƙare musu, naku hijira ce ta addini da niyyar aikin hajji. Amma jikan da ya gaji labarin garin da bai taɓa gani ba, matsalarsa ɗaya ce ko a ina yake.

Abu na farko da za ka koya daga gare su kuskurensu ne. Suna da yadi mai ratsi-ratsi da ake kira tatan. Gwamnatin Birtaniya ta hana mutanen tsauni sa tufafinsu na gargajiya a 1746, aka ɗage dokar a 1782. Bayan Sarki George na Huɗu ya ziyarci Edinbara a 1822 sai tatan ya zama abin yayi, 'yan kasuwa suka dinga raba wa kowane dangi nasa launi, har mutane suka ɗauka haka abin yake tun fil azal. Yau duk wanda ke son ya nuna shi jikan Sikotilan ne sai ya ɗauko tatan da algaitarsu ta salka, ya ce ya gama. Dagin Arewa da raƙuminka su ne naka tatan ɗin. Ba laifi ba ne a zana su, amma na kowa ne, ba su faɗin komai game da gidanku.

Waɗanda aikinsu ya daɗe ana kallo sun bi ta wata hanya. Thomas Faed ya yi wani zane a 1865, yana nan a gidan adana zane na Kelvingrove a Gilasgo. Jirgin masu hijira yana tashi, amma ba a ganin jirgin sam. Abin da ake gani shi ne waɗanda aka bari a bakin gaɓa: wani tsoho a kan ƙaramin doki, mata, yara, akwatuna da tukwane, da igiyar jirgin da ake kwancewa. Mai kallo yana tsaye ne kamar a cikin jirgin, yana waiwayen 'yan'uwansa. Ka lura da dabarar, ya cire babban abin, ya bar igiya ta yi magana. Will Maclean kuwa, haifaffen Inverness a 1941, akwatuna yake haɗawa da itacen da teku ta kawo gaɓa, ƙashi, ƙugiya da kayan masunta na ainihi. Ba siffar "masunci" yake nema ba, kayan mutum guda yake nema.

To ga aikin da za ka yi, kuma kada ka taɓa fenti sai ka gama shi. Ka nemi abu ɗaya tak a gidanku da ya yi tafiyar ko ya kusa da ita: gafaka, allo, tasbaha, zoben azurfa, buta, tsohuwar riga mai aska biyu. Ka auna shi da ma'auni, tsawo da faɗi da kauri, ka rubuta. Ka zana shi da fensir sau goma cikin kwana goma, daidai girmansa, kowace rana ta wani gefe. Wajen zane na huɗu ko na biyar za ka daina zana "gafaka" ka fara zana wannan gafakar: inda fata ta yi baƙi saboda zufar hannu, inda aka yi mata faci da zaren da bai dace ba, inda ratayar ta tsinke aka ƙulle. Wannan facin ya fi dagi goma.

Daga nan ka zauna da mafi tsufa a dangi, ka ɗauki muryarsa a waya. Kada ka ce "Baba, ba ni tarihinmu", za a ba ka wanda kowa ya haddace. Ka tambayi ƙananan abubuwa: a wane gari aka fi daɗewa a hanya, wace sana'a aka yi a can, wa aka haifa a hanya, wa aka binne. Masu bin hanyar ƙasa yawanci ta Barno suke bi, su ratsa Wadai ta Abeshe, su shigo ta Jinaina da Fashir zuwa Ubayyid, wasu su nufi Sawakin don tsallakawa Jidda, wasu kuma aikin auduga a Jazira ya tsayar da su bayan an gama madatsar Sinnar a 1925. Amma kowane gida da tasa hanyar. Ka rubuta sunayen garuruwan yadda tsohon ya furta su, ko da sun saɓa wa taswira.

In kana son abin da zai tsaya maka a madadin taswirar, ga wata dabara daga masaƙa. Su masu tatan da ƙidayar zare suke rubuta kowane samfuri, baƙi kaza, kore kaza, mu ma saƙinmu na shuni da fari haka masaƙi yake lissafa shi. Ka ba kowane zango launi ɗaya, kowace shekara santimita ɗaya. A ce an yi shekara 3 a Barno, 2 a Abeshe, 7 a Ubayyid: ratsi uku ke nan, mai santimita 3, mai 2, mai 7. Inda aka yi mutuwa ka ja siririn farin layi. Abin da zai fito ba wanda yake da irinsa, ko maƙwabcinku na Mai Wurno.

Abu na ƙarshe, kada ka kori Sudan daga cikin zanen don a ce kai Bahaushe ne tsantsa. In a ɗakin kakarka jabana, butar gahawa ta Sudan, tana kusa da faifai, kakar tana zaune kan angarib, gadon katako da igiya, tana taunar goro, haka za ka zana. Ibrahim El-Salahi, haifaffen Omdurman a 1930, ya yi karatu a Landan ya dawo ya ga zanen da ya koyo bai taɓa mutanen garinsu ba, sai ya koma ga harafin Larabci da allon makarantar mahaifinsa. Daga abin da ke ƙofar gida ya fara.

Malamai, mun gudo da wata jaka ta hotunan habbobarmu, wato kakarmu mace, da 'yan'uwanta, na shekarun 1950 zuwa 1970. Gara ta ci gefen wasu, biyu sun manne da gilashin firam, wasu sun yi fumfuna. Ina so in yanka su in haɗa a babban allo guda. Ta ina zan fara?
*Wata 'yar'uwa, Gadarif*

'Yar'uwa, ki fara da ajiye almakashi. Ba a yanka hoto na asali, ba a shafa masa gam, ba a liƙa masa salatif, ba a kai shi a rufe shi da leda mai zafi irin ta katin shaida. Wannan rufin ba ya ɓaruwa, kuma zafinsa yana lalata fuskar hoton. Da kwafi ake aiki.

In akwai na'urar sikana kusa, a ɗauki hoto mai girman tafin hannu a kan ɗigo 600 a kowane inci, ƙaramin hoton fasfo a kan 1200, a ajiye a tsarin fayil na TIFF, wanda ba ya rage ingancin hoto. A ɗauki bayan hoton ma, domin hatimin gidan hoto ko rubutun da ke baya sau da yawa shi ne kaɗai ke faɗin gari da shekara. In waya ce kawai gare ki, ki shimfiɗa hoton a kan farar takarda a bakin ƙofa inda akwai haske amma rana ba ta bugawa. Ki kashe filasha. Ki ɗora wayar a kan tarin littattafai ta leƙo, bayanta yana kallon hoton sak ba a karkace ba, ki sa mata ƙidayar daƙiƙa uku don hannu kada ya girgiza ta. Wajen turawa ta WhatsApp ki tura a matsayin fayil, in kika tura a matsayin hoto zai matse shi ya zubar da rabin bayanin. Kwafi uku: ɗaya a wayarki, ɗaya a intanet, ɗaya wurin ɗan'uwa a wani gari. Tun da yaƙi ya ɓarke a Sudan a Afrilun 2023 ba sai an yi wa kowa bayanin dalili ba.

Waɗanda suka manne da gilashi, ki bar su yadda suke. In kika ja, fuskar za ta zauna a gilashin, takarda ta biyo hannunki. Ki goge gilashin ta waje, ki ɗauki hoton ta cikinsa, ki rataya baƙin ƙyalle a bayanki don kada inuwarki ta fito. Masu fumfuna ki baza su a inuwa, fuska sama, su bushe sarai, sannan ki share da burushi mai laushi a waje, hanci a rufe. Ba a sa musu ruwa.

Wajen ajiya, akwatin ƙarfe a kan bulo, nesa da bango, ya fi komai hana gara. Ki sa farar takarda tsakanin hoto da hoto. Kada ki ƙulle su a leda da damina, danshi zai taru ciki. Sunaye da fensir ake rubutawa a baya, a gefe, ba da biro ba.

Ga wani gargaɗi da mutane ba su cika tunawa ba. Manhajojin da ke "gyara" tsohon hoto suna ɗaukar tsagar fuska a matsayin karce, su goge ta. Tsagar nan kuwa, ta Gobirawa ce ko ta Kabawa ko ta Barebari, wataƙila ita kaɗai ce takardar shaidar da habbobarku ta zo da ita. Gefen da gara ta ci ma kada ki cike shi a kwafin, ki bar shi ya fito.

Na ga ana buga hoto a kan yadi da hasken rana, ya fito shuɗi kamar rinin Kano. Na sayi sinadaran na gwada a kan damur, yadin audugar nan na Sudan, sau uku. Na farko ya wanke tas, na biyu ya yi dishi-dishi ko'ina, na uku ya yi kyau amma da aka wanke shi sai ya koma rawaya. Ina kuskuren?
*Wani mai ɗaukar hoto, Fot Sudan*

Kurakurai uku ne daban-daban, ɗan'uwa, kuma kowanne da maganinsa. Wannan hanya sayanotaif ake ce mata, John Herschel ya gano ta a Ingila a 1842. Ba shuni ba ne, gishirin ƙarfe ne da hasken rana ke mayarwa shuɗi, amma ga mai aiki kan asalin Hausa launin ya zo a daidai.

Bari mu fara da haɗin, ko da a nan aka samu matsala. Kwalba ta farko: giram 25 na ferik amoniyam sitiret, koren, cikin mililita 100 na ruwa mai tsabta. Kwalba ta biyu: giram 10 na fotasiyam ferisayanaid cikin mililita 100. Kwalaben su zama masu duhu. A rabe suna yin watanni, ta farkon takan yi fumfuna a sama, a tace da ƙyalle a ci gaba. Ana haɗa su daidai wa daida, iya abin da za a shafa a ranar, a ɗakin da ba hasken rana. Ka sa safar hannu, ka ware musu mazubin da ba ya komawa madafa, kuma kada ka kusantar da kwalba ta biyun da ruwan batir ko wani asid mai ƙarfi.

Na farko da ya wanke tas, ɗayan biyu ne. Ko yadin yana da sitati ko gaurayen roba, sinadarin bai shiga zare ba, ko kuma bai sha rana sosai ba. Damur na auduga zalla ake so. Ka dafa shi a ruwan zafi, ka ɗauraye sau uku, ya bushe, ka goge. Lokacin rana kuma ba a cankarsa. Ka shafa wa wani ƙyalle, ka rufe da kwali, kana janye kwalin kaɗan-kaɗan duk minti biyu har minti goma sha huɗu, ka wanke ka ga ratsin da ya fi. A ranar Sudan yawanci tsakanin minti 5 ne zuwa 15. Alamar ya nuna ita ce launin ya tashi daga kore-rawaya, ya wuce shuɗi, ya koma toka-toka mai ɗan ƙyallin tagulla. Mai cirewa tun yana shuɗi ya yi gaggawa.

Na biyu mai dishi-dishi, a garinku mun fi zargin danshi. Iskar Bahar Maliya tana sa yadin da aka shafa ya fara juyawa tun kafin ya ga rana. Ka busar da shi da fanka a cikin duhu, ka yi amfani da shi a ranar. In kafin ka fita da shi ya riga ya yi shuɗi-shuɗi, ya lalace. Ɗaya dalilin shi ne negetif bai kwanta ba. Negetif ɗin ana juya baƙi da fari a kwamfuta, a buga a leda mai garai-garai daidai girman da ake so, a kifa gefen tawadar a kan yadin, a danne da gilashi mai kaurin milimita 4 ko 5 a kan katako, a maƙale da matsi a kusurwa huɗu. Ko tazarar gashi ce tsakaninsu haske zai kutsa. Ka yi aiki tsakanin ƙarfe tara da sha ɗaya na safe, zafin azahar yana lanƙwasa ledar.

Na uku kuwa sabulu ne ya kashe shi. Wannan shuɗi ba ya shiri da omo, toka ko kanwa. Da ruwa zalla ake wanke shi, minti biyar zuwa goma, har rawayar ta daina fita. In ruwan rijiya ne mai kauri, ka sa babban cokali ɗaya na khal, wato binega, a kowace lita. Launin zai ƙara duhu da kansa cikin kwana ɗaya.

Wanda ya koma rawaya kada ka yar. Rabin hanyar wani aiki ne: ka tsoma shi cikin baƙin shayi mai kauri, ba sukari, wanda ya huce, minti talatin zuwa awa ɗaya, hoton zai dawo ruwan ƙasa kamar tsohon hoton gidan hoto. Masu yin haka da gangan ƙaramin cokalin atrun, wato kanwa, suke narkawa a lita ɗaya su koɗar da shuɗin tukuna. Kuma ba dole sai da negetif ba. Ka ɗora tasbaha, mashaci, ɗan kunne ko reshen lalle kai tsaye a kan yadin, farar inuwarsu za ta fito daidai girmansu.

Mahaifina malamin allo ne, da amar, wato tawadar allo, na tashi. Ina haɗa tawadar da jar ƙasa da ruwan karkade, wato zoɓo, ina zane a takarda. Baƙin yana tsagewa, jar ƙasar tana gogewa a hannu, karkaden kuma ya koma toka cikin wata biyu.
*Ɗan malam, Kasala*

Ɗan malam, tsagewa ƙaro ne ya yi yawa, gogewa ƙaro ne ya yi kaɗan. Tawadar allo an yi ta ne don a wanke gobe, ta takarda sai an auna.

Ka nemi ƙaron hashab, wanda muke ce wa na dakwara, mai haske, ya fi na talha riƙo. Ka daka, ka auna kashi ɗaya na ƙaro da kashi biyu na ruwan ɗumi, ya kwana ɗaya ko biyu yana narkewa, kada ka tafasa. Ka tace da ƙyalle. A kowane cokali takwas ka sa cokali ɗaya na zuma, ita ke hana tsagewa, da damina ka rage ta don kada zanen ya yi danƙo. Ɗigo biyu na man kanumfari a mililita 100 zai jinkirta tsami. Baƙin tukunya yana da maiƙo, yana gudun ruwa, sai ka fara jiƙa shi da ɗigon sifirit kafin ka zuba ƙaron.

Ƙasa kuma sai an wanke ta. Ka dama a bokiti, ka ƙirga talatin yashi ya kwanta, ka tsiyaye ruwan mai launi a wani mazubi, ya kwana, ka zubar da na sama, ka shanya laɓar. Ka niƙa ta da ƙaron, kashi ɗaya da ɗaya, a kan gilashi da gindin kwalba, minti goma ko fiye. Gwaji: ka shafa a takarda, ya bushe, ka murza da yatsa. In ya biyo yatsa ƙara ƙaro, in yana ƙyalli kamar an zuba masa mai ƙara ƙasa. Baƙar lakar Jazira da Gadarif kada ka wahalar da kanka da ita, yadda take dararrabewa a gona da rani haka za ta yi a takarda.

Karkade ba shi da magani. Launinsa ba ya jure haske, haka ma kurkum. Sai dai in koɗewar ce kake so ta zama cikin ma'anar aikin, wanda kuma ba wauta ba ne ga mai zana abin da ake mantawa. Kowane launi ka shafa a takarda, ka rufe rabi da kwali, ka jingina a taga wata ɗaya, ka buɗe ka gani. Tawadar bagaruwa da ƙarfe, wato ta garad, tana da baƙi mai kyau amma tana cin takarda da shekaru, sai ka sa ta a takarda mai kauri.

Kawuna ya ce haramun ne in zana fuskar kakanmu, gwaggona kuma ba ta so a nuna hoton mahaifiyarta a bainar jama'a. Yaya zan yi?
*Wata ɗaliba, Wad Madani*

'Yata, hukuncin sura na malamai ne, sun yi magana a kai kuma akwai saɓani, ki tambayi wanda gidanku ya yarda da shi. Maganar gwaggo kuwa ba ta buƙatar fatawa: uwarta ce, ta ce a'a, shi ke nan. Ba fuska kaɗai ke nuna mutum ba. Akwai tobinta, wato lafayarta, a ninke, zanen lallen da ta fi so, takalminta, hannunta a kan maburgi, sunanta da ajami. Abin da za ki kiyaye shi ne ayar Alƙur'ani, kada ki sa ta a aikin da za a shimfiɗa a ƙasa, ko a naɗe a jefa bayan mota.

Mu mata goma sha biyu ne masu ɗinkin hannu. Muna so mu ɗinka labarin zuwan iyayenmu a babban yadi guda, kowa da nata ɓangaren. Mun fara, amma da muka jera sai wani ya fi wani girma, launuka kuma suna faɗa da juna.
*Hajiya, a madadin ƙungiyar, Damazin*

Hajiya, sannunku da ƙoƙari. An yi irin wannan a Sikotilan: a 2014 aka fara nuna wani aikin ɗinki na 'yan ƙasar mazauna waje, wanda aka shirya daga garin Prestonpans. Ya kai falle fiye da 300, daga ƙasashe fiye da talatin, kowane falle santimita 50 ne tsawo da faɗi. Abin da ya sa ya haɗu duk da yawan hannaye shi ne mai zane guda, Andrew Crummy, shi ya zana samfurin fallayen, jama'ar kowane gari suka kawo labari suka ɗinka.

Ku ma haka za ku yi. Ku sayi yadin gaba ɗaya daga bandir guda, ku wanke shi da ruwan zafi kafin yanka, domin damur yana tsukewa da wanki, kuma ba ya tsukewa daidai in an wanke a rarrabe. Ku yanka kowane falle santimita 60, ku ja murabba'in 50 a tsakiya da zaren ɗauri, biyar-biyar ɗin gefe na haɗi ne. Wadda ta fi hannu ta zana duka sha biyun a takarda, a jera a ƙasa a duba kafin a kwafa a yadi. In akwai hanya ko kogi da ke ratsa fallayen, a auna inda yake fita daga wannan da inda yake shiga na gaba, misali santimita 20 daga ƙasa a kowane gefe.

Launi kada ya wuce takwas, a saya tare, kowa ta ɗiba daga ƙunshi ɗaya. Layin gefe na kowace siffa da launi guda za a bi shi a duka fallayen, baƙin shuni ya fi. Cikon ciki kowa ta yi da ɗinkin da hannunta ya saba, a nan ne za a gane wannan na wance ne. Kafin a fara, a jiƙa guntun kowane zare a matse cikin farin ƙyalle, ja da shuɗi su suka fi zuba.

Bambancin girman da kuka gani daga jan zare yake. Mai jan zare da ƙarfi fallenta yana tsukewa. A ɗaure yadin a zoben ɗinki ko firam na katako, kuma duk Juma'a a kawo fallayen a auna. Wanda ya riga ya tsuke, a yayyafa masa ruwa, a miƙe shi a kan katako da ƙananan ƙusoshi marasa tsatsa daidai 50 da 50, ya bushe a inuwa. Kada ku ɗinke fallayen da juna dindindin. Ku yi wa kowanne shafi a baya, ku ɗinka sunan mai aikin da garin da shekarar a jikin shafin, ku haɗa su da maɗauri a kusurwa, yadda in tafiya ta kama kowa za ta kwance nata ta naɗe a bututun kwali, gefen ɗinkin yana waje.